Buhu 12,000 da duwan suka bi ni bashinsu ɗaya bayan ɗaya

Ni riɗi nake saye a Garwa. Babana gyaɗa ya yi har Allah ya ɗauki ransa, ni kuma da na ga kowa ya afka cikin gyaɗa sai na karkata wajen riɗi, in kaka ta yi in bi kasuwannin ƙauye na wajen Tuboro in tara, in kawo sito a tankaɗe a cire ƙasa da tsakuwa, sannan in sayar wa manyan Duwala, su ne masu fitarwa waje. Kusan shekara goma haka nake, ni da shan ƙura su da shan romo. Sai a 2021 wani yaron unguwarmu da ke karatu a Turkiyya ya haɗa ni da wani mai saye a garin Mersin, mutumin yana da injin niƙa riɗi ne, su can cinsa suke yi sosai. Muka daidaita farashi ta WhatsApp, yaron na fassara. Sharaɗin mutumin guda ɗaya, wai ba ya son buhunmu na kasuwa, nasa zai aiko, mai kilo 25, mai leda a jiki, da sunan kamfaninsa da rubutun Turkanci. Buhu 12,000, tan 300 kenan. Na ce wannan ai ba abun damuwa ba ne, buhu ne fa, kuma kyauta.

Ashe ko buhu fanko ne in dai ya sauka a tashar ruwa to kaya ne, kuma kaya sai da duwan, wato kwastan. Mu ƙasashen CEMAC guda 6, wato Kamaru, Cadi, Afirka ta Tsakiya, Kwango, Gabon da Ikwatoriyal Gini, tsarin haraji ɗaya muke bi a kan abun da ya fito daga waje, a lokacin hawa huɗu ne, kashi 5, kashi 10, kashi 20 da kashi 30, sannan a nan Kamaru TVA, wato harajin saye da sayarwa, ta kashi 19.25 ta hau sama. Turanziter ɗina, wato mai yi mini takardun shigo da kaya da fitar da su a duwan, wani dattijo ne a Duwala da babana ya sani tun da, ya buga lissafi ya ce komai da komai zai kai sefa miliyan 2 da dubu 600. Na yi shiru a waya. Kuɗin da zan shiga ƙauye da su kenan, in zuba su a kan buhun da ba zai ma zauna a ƙasar ba?

Sai ya ce, Alhaji kwantar da hankalinka, doka ta san da irinku. Akwai abun da ake ce ma admisiyon tamporer, shigar wucin gadi, buhun da ya shigo fanko don a cika shi a sake fitar da shi ba a karɓar harajinsa a bakin tasha. Na fara hamdala sai ya katse ni, ya ce ɗana ka ji da kyau, ba yafe maka aka yi ba, rataye kuɗin aka yi. Yana nan a rataye saman kanka har ranar da ka nuna masu cewa kowane buhu ya fita. Na ce na ji Baba. Wallahi ban ji ba. Rabin farko na maganar kawai ya shiga kunnena.

Takardun farko ba su ba ni wuya sosai ba. Wasiƙar roƙo zuwa ga duwan, kwangilar da muka yi da mutumin Mersin, faktir, wato takardar farashin buhunan, lambar mai biyan haraji wato NIU, da rajistar kasuwanci. Ni ba ni da ikon shiga na'urar duwan da kaina, dole sai ta hannun turanziter mai lasisi, shi ya shigar da komai a CAMCIS, tsarin kwamfutan da ya maye gurbin SYDONIA a 2020. Inda abun ya fara cizo shi ne banki. Duwan ba sa rataye kuɗi a kan maganar baki ko kana da gemu har ƙirji, sai banki ya tsaya maka, ya rubuta cewa in ka saɓa shi zai biya, shi ake ce ma kosiyo. Bankina kuma ya ce to tunda wannan ne karon ka na farko sai ka ajiye mana daidai kuɗin a asusun da ba za ka taɓa ba, kuma duk wata uku akwai ladan tsayawa. Kun ga kenan miliyan 2 da dubu 600 ɗin da na yi murnar ban biya ba, ba su hannun duwan amma ni ma ba su hannuna. Bambancin dai wannan zai dawo, wancan ba zai dawo ba. Na sa hannu a takardar alkawari, aka rubuta wata 6. Buhuna suka fito a watan Oktoba, wa'adi zai cika a Afrilun 2022. A raina na ce wata 6 ai har da canji.

Kaka ta yi kyau, riɗi ya samu. Muna cikawa a Garwa mu ɗinke mu loda a kamiyo, a hau dutsen nan na hanyar Ngaundare da direbobi ke addu'a kafin su fara shi, wani lodin mu sa a jirgin ƙasa daga Ngaundare wani kuma kamiyon ya zarce har Duwala. Kwantena ƙarama tana cin tan 19, buhu 760 kenan. Kowace tafiya da nata takardu: a yi rajistar cinikin a banki, don dokar musayar kuɗi ta CEMAC da ta fara aiki a watan Maris na 2019 ta ce duk fitar da kaya daga miliyan 5 zuwa sama sai an ɗaura shi a banki, kuma kuɗin cinikin su dawo gida cikin kwana 150, BEAC, babban bankin ƙasashen CEMAC, na sa ido a kai. Sai takardar lafiyar tsiro daga mutanen aikin gona, sai a bi ta GUCE, wato taga ɗaya ta kasuwancin waje, sai sanarwar fita ta duwan. Shekarar kuma duk wanda ya yi harkar ruwa ya san yadda kwantena fanko ta yi wuya a duniya bayan korona, sai ka kai kaya Duwala su yi sati uku a magaza kana biyan haya kana jiran akwati.

To ga wurin da duk maganar take, kuma shi ne wurin da ban taɓa dubawa ba ko sau ɗaya. A jikin sanarwar fita ta kowace kwantena dole a ambaci lambar waccan takardar ta shigar wucin gadi, a ce buhu 760 ɗin nan daga cikin 12,000 ɗin can ne. Da haka ne ake rage maka bashi kaɗan kaɗan. In ba a rubuta ba, riɗinka ya fita lafiya, jirgi ya tafi, mai saye ya karɓa ya biya, amma a idon duwan buhunan nan suna nan cikin Kamaru ba su je ko'ina ba. Ni dai in aka turo mini takarda ta waya abu biyu nake dubawa, nauyi da kuɗi.

Kwantena 14 suka fita gaba ɗaya. Uku daga ciki a watan Janairu ne, lokacin gasar CAN ta cin kofin ƙwallon Afirka, Garwa ta cika maƙil da baƙi don a filin Rumde Ajiya rukunin Najeriya ke wasa, ni kaina ina cikin filin ranar 11 ga wata da Najeriya ta ci Masar ɗaya da nema, gidana cike da 'yan uwa daga Yola da Mubi. Dattijon nan turanziter ɗina kuma ba shi da lafiya a makonnin, wani yaronsa sabo ne ya cika takardun. Ya cika su a matsayin fitar da kaya na yau da kullum, bai sa lambar ba. Ba wanda ya lura, har ni da abun ya fi shafa.

Sauran ɓarnar kuma ba zan ɗora wa kowa ba, tawa ce. Dami ɗaya yara suka bari a bakin sito inda rana ke duka, ranar Garwa ta Fabrairu da Maris kun san ta, ledar ta dafe, in ka ɗaga buhu sai ya yage kamar busasshen ganye, ɓeraye kuma suka ƙarasa na ƙasa. Buhu 360. Na ce a kwashe a zubar. Sai kuma mijin ƙanwata da ke sayar da shinkafar Lagdo ya zo ya ga buhuna masu sheƙi, ya ce Yaya ka taimaka mini da 500 mana, shinkafa a irin wannan buhun ai sai ta ƙara daraja. Suruki ne, kuma ni a ganina rarar buhu ce da ban saya da kuɗina ba, na ce ɗauka. Saura 500 suka rage a sito.

Wa'adi ya cika muna cikin azumi, ga zafi, ga hidimar gida, ban ma tuna ba. Da na tuna da an rubuta takardar neman ƙarin lokaci kafin ranar, abu ne da ake yi kullum, amma neman ƙari bayan wa'adi ya wuce wata magana ce daban. Bayan ƙaramar sallah sai ga kiran dattijo, muryarsa ba yadda na saba ji ba. Ya ce Alhaji an rubuto, ana neman ka wanke takardarka, kuma lissafinsu bai yi daidai da namu ba. Su abun da na'ura ta nuna masu kwantena 11 ne, buhu 8,360. Ina sauran?

Kwana kaɗan bayan haka ma'aikata biyu suka zo sito a Garwa da takardar aiki a hannu. Nan na fara sanin cewa alkawarin da na sa wa hannu ya ba su ikon shigowa su ga kayan a duk inda na ajiye su, don buhun da ba a biya harajinsa ba har yanzu a ƙarƙashin idonsu yake ko da yana cikin ɗakina. Ba su yi mini rashin mutunci ba, gaskiya, mun gaisa da Fillanci ma da babban cikinsu. Suka sa yara suka kwance dami aka ƙirga, 500 cif. Suka ce a kawo littafin shiga da fita na sito. Littafin me? Ni littafina na riɗi ne, tan nawa ya shigo tan nawa ya fita, ban taɓa tunanin buhu ma yana son littafi ba. Babban ya tambaye ni waɗanda suka lalace fa, na ce an zubar. Ya ce wa ya gani? Na ce yarana. Ya girgiza kai ya ce Alhaji, da ka kira mu mun zo mun gani mun rubuta, da yanzu wata magana muke yi, amma buhun da ba mu ga gawarsa ba a wurinmu yana raye, yana kasuwa. Na so in yi musu sai na tuna 500 ɗin surukina da suke kasuwar da gaske, na ja bakina na yi shiru.

Aka rubuta takardar laifi, su PV suke ce mata. Buhu 12,000, a cire 8,360, a cire 500 da aka gani, saura 3,140 babu bayani. Harajinsu ya kusa dubu 700, sannan ga tara a kai, tarar da aka fara ambata mini kuwa ta fi harajin nesa ba kusa ba, sai da na ji gumi ya keto mini a cikin riga. Amma ba wannan ne ya fi tayar mini da hankali ba. Banki ya ce ba zai saki ko dala ba sai ya ga takardar sakin hannu daga duwan, kuma in duwan suka nemi kuɗin a wurinsa zai biya ba tare da ya tambaye ni ba, haka kosiyo take. Sannan dattijo ya je zai buɗe mini wani sabon dosiye, wato fayil, na waken suya sai ya tarar an tsayar da lambata a na'ura har sai an warware wancan. Wato a kan buhu fanko duk kasuwancina ya tsaya cak.

Na hau mota zuwa Ngaundare, na kwana a jirgin ƙasa zuwa Yawunde, na sake hawa bas zuwa Duwala. Abokaina na kasuwa kowa da shawararsa, wannan ya ce ka nemi wane ya san wane, wancan ya ce ka ɗauki lauya ka kai kotu. Dattijo ya zaunar da ni a ofis ɗinsa ya ce ɗana, kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, ka ci moriyar tsarin nan sai ka bi sharaɗinsa. Abun da ke namu za mu nema da takarda, abun da ba namu ba mu biya mu huta. Kuma ya amsa a gabana cewa kuskuren kwantena ukun daga ofis ɗinsa ne, ba zai karɓi ladan wannan aikin ba. Na ga girmansa a ranar.

Sati biyu muka yi muna tara shaida a kan buhu 2,280 na kwantena ukun nan. Takardar lodin jirgi, konesma, mai nuna lambar kowace kwantena da yawan buhu. Jerin kaya. Takardar lafiyar tsiro. Shaidar banki cewa kuɗin waɗannan kwantenoni sun dawo cikin wa'adi. Abun da ya cece ni kuwa wani abu ne da ban ɗauke shi komai ba a da: mutumin Mersin yana da naci, duk lodi sai ya ce a ɗauko masa hoto kafin a rufe ƙofa, lambar kwantena ta fito, buhuna su fito. Har haushi yake ba ni lokacin. Hotunan nan suna nan a wayata da kwanan wata, buhu mai rubutun Turkanci jere har rufi. Muka buga su a takarda. Shi ma ya aiko da takardar duwan ɗin ƙasarsu da ke nuna kayan sun sauka a irin wannan buhun. Muka haɗa da wasiƙa zuwa ga shugaban ofishin da ya buɗe takardar tun farko, muna roƙon a gyara sanarwar ukun a lissafa su.

Daga nan sai jira. Ka je a ce shef na taro, ka dawo a ce dosiye ya hau sama, ka dawo a ce ya sauko amma saura sa hannu ɗaya. Ina kwana a ɗakin wani ɗan uwa a unguwar New Bell, ruwan Duwala na zuba ba dare ba rana, ni kuma hankalina na Garwa. A zaman jiran nan ne na ga ba ni kaɗai ba ne. Akwai wani mutumin Cadi da kayansa suka bi hanyar Kusiri suka haye gadar Ngeli tun watanni, amma shaidar isarsu ba ta dawo ba, kosiyonsa na rataye. Akwai wani mai ƙaramin kamfani da ya shigo da kayan haɗi don ya sarrafa ya fitar, ana gardama da shi a kan yawan abun da ya lalace wajen aiki. Kowa matsalarsa iri ɗaya, an ba shi sauƙi da sharaɗi, kuma wanda ya ba da sauƙin shi ke da ikon cewa sharaɗin ya cika ko bai cika ba. A nan ma na ji cewa ko an sallame ka ba shikenan ba, doka ta ba su damar dawowa bayan shekaru su sake bincika takardun da suka riga suka wuce, shi ya sa dattijo ke da kwalaye har rufin ofis ba ya yarda a ƙona ko ɗaya.

Ranar da aka kira mu, shef ɗin ya baza hotunan a tebur yana duba lambar kwantena ɗaya bayan ɗaya da ta jikin konesma. Ya daɗe. Sannan ya ce ukun nan ya yarda sun fita, za a lissafa su, amma rashin rubuta lambar shi ma laifi ne ko da ƙarami, kuma wuce wa'adi ba tare da neman ƙari ba wani laifin ne. Saura 860. Ya ɗago ya ce waɗannan fa Alhaji? Dattijo ya taka mini ƙafa a ƙarƙashin tebur, amma na riga na gaji da ɓoye-ɓoye, na ce shef 360 rana ta cinye, 500 na ba surukina ya zuba shinkafa. Sai da ya yi dariya. Ya ce to shinkafar surukinka ta shiga buhun da bai biya duwan ba, kai za ka biya mata.

Aka ba ni zaɓi biyu, ko a bi hanyar kotu ko mu yi abun da suke kira taransaksiyo, wato sulhu, doka ta ba duwan ikon su daidaita da mai laifi a kan tara ba sai an je gaban alƙali ba, kai kuma ka sa hannu ka amsa, maganar ta mutu. Wannan ikon shi ne ya fi ba ni mamaki a duk tafiyar, su suka kama ka, su suka rubuta laifin, su ne kuma za su ce nawa za ka biya. A ganina ya yi yawa a hannu ɗaya, don wanda bai iya Faransanci ba kuma ba shi da tsohon turanziter a gefensa zai sa hannu a kan duk abun da aka ajiye masa. Amma kuma in aka ce in je kotu da lambata a tsaye da kuɗina a kulle har kaka ta zo ta wuce, ni da kaina zan roƙi sulhun. Na sa hannu. Harajin buhu 860 ya kama kusan dubu 190, tara aka tsayar a dubu 300. Su 500 na sito kuma tunda riɗi ya ƙare babu abun da zan cika su da shi, na ce a mayar da su na cin gida, na biya harajinsu dubu 100 da 'yan kai, suka zama nawa halak malak. Duk a banki na biya aka ba ni rasit, ban miƙa wa kowa komai a hannu ba.

Takardar sakin hannu ta fito bayan kwana tara, na kai banki da kaina ban yarda in aika yaro ba, su ma suka ɗauki sati guda kafin kuɗin su dawo asusuna, bayan sun cire ladan tsayawarsu na wata tara maimakon shida. Lambata ta buɗe. Sai ga wani amfani da ban zata ba, da akawuna ya tashi neman a dawo mana da TVA da muka biya a kan wasu hidimomi, tunda kayan da aka fitar waje TVA ɗinsu sifili ne, mutanen ofishin haraji ma shaidar fita ta duwan suka fara tambaya, ga ta kuwa a shirye cikin kwali ɗaya.

Da kaka ta zagayo mutumin Mersin ya sake cewa zai aiko buhu. Na sake bin tsarin, don ko da duk abun da ya faru abun da na kashe bai kai rabin miliyan 2 da dubu 600 ba in ban lissafa kuɗin mota da kwanakin Duwala ba. Na sayi littafi mai bango baƙi na ba babban ɗana, aikinsa kenan, buhu nawa ya fito daga dami, nawa aka cika, nawa ya yage, wanda ya yage kuma ba a zubarwa, akwai kusurwar da muke tara su a inuwa har a zo a gani. Duk sanarwar da aka turo daga Duwala sai na sa an karanta mini layin lambar kafin in duba nauyi.

Wata Lahadi na je kasuwar Pitowa sayen rago, ina ratsa layin masu hatsi sai ga buhunan nan a jere gaban wata mata, rubutun Turkanci na sheƙi, hoton riɗi a jiki, shinkafar Lagdo a ciki. Na tsaya ina kallo har ta ce Alhaji a auna maka ne, wannan 'yar waje ce, daga Turkiyya take. Na tambaye ta nawa buhu, ta faɗa, na ce a sa mini ɗaya a mota.